Glinciszki da Dubingiai: kwana uku tsakanin kisa da ramuwa

Auwalu:
Assalamu alaikum jama'ar zaure. Na daɗe ban yi magana ba, karatu ne ya riƙe ni. Ranar Asabar wani abokin karatuna ɗan ƙasar nan Lituweniya ya ɗauke ni a motarsa muka je garin kakarsa, Dubingiai, tafiyar kusan awa ɗaya arewa da Vilnius, babban birnin ƙasar. Ƙaramin gari ne a bakin tafkin Asveja. Akwai wata doguwar gadar katako da ake bi a tsallaka ruwan, katakon sai ƙara yake ƙarƙashin taya, ga kufan gidan sarauta a kan tudu, ga yara suna wanka a bakin ruwa. Muna zaune muna shan shayi ya ce min a garin nan aka kashe mutane gida-gida ranar 23 ga Yuni 1944, kuma waɗanda suka yi kisan 'yan gwagwarmayar Polan ne masu yaƙi da Hitler. Na ce masa ai na zaci Jamusawa ne. Ya ce a'a, ramuwa ce, don kwana uku kafin nan 'yan sandan Lituweniya sun kashe 'yan Polan a wani ƙauye, Glinciszki. Bai ɓoye laifin mutanensa ba, da bakinsa ya fara faɗa. Tun ranar abin yake cina. Malam Habu, don Allah a warware mana: me ya haɗa waɗannan mutane har abin ya kai ga mata da yara?

Malam Habu:
Wa alaikumus salam Auwalu, Allah ya ba da sa'ar karatu. Ka taɓo tsohon miki. Tushen rigimar birnin da kake zaune ne. Ku kuna ce masa Vilnius, 'yan Polan suna cewa Wilno, Yahudawa kuma Vilna.

Polan da Lituweniya sun shafe fiye da shekara ɗari biyu a matsayin ƙasa ɗaya tun haɗewar Lublin ta 1569. A tsawon lokacin manyan Lituweniya suka koma magana da harshen Polan, harshen Lituweniya ya zama na ƙauye. Da Rasha ta yi ƙidaya a 1897, masu harshen Lituweniya a cikin birnin ba su wuce kashi 2 cikin 100 ba, Yahudawa kusan 40, 'yan Polan kusan 31. To ɗan Lituweniya yana cewa birnin kakanninmu ne, nan ne fadar sarakunanmu. Ɗan Polan yana cewa fita titi ka saurara ka ji wane harshe ake yi. Kowa da hujjarsa a hannu.

Don ku ga yadda jinin ya cakuɗe: shugaban ƙasar Polan na farko, Gabriel Narutowicz, wansa Stanisław yana cikin waɗanda suka sa hannu a takardar 'yancin kan Lituweniya a 1918. Ciki ɗaya, ƙasa biyu.

A 7 ga Oktoba 1920 ƙasashen biyu suka yi yarjejeniyar tsagaita wuta a garin Suwałki. Kwana biyu bayan nan Janar Żeligowski na Polan ya shiga Vilnius da sojoji, wai ya yi wa gwamnatinsa tawaye ne, alhali da sanin Piłsudski, jagoran Polan na lokacin, aka yi. A 1922 Polan ta haɗe yankin. Lituweniya ta koma Kaunas tana kiransa babban birni na wucin gadi, ta yanke hulɗa da Polan har 1938. Shekara goma sha takwas maƙwabta ba sa ga maciji. Yaran da suka tashi cikin wannan gaba su ne suka riƙe bindiga a 1944.

Sagir:
Malam to ai magana ta fito. Polan ce ta fara cin amana.

Malam Habu:
Kada ka yi gaggawa Sagir. A Oktoba 1939, bayan Hitler da Stalin sun raba Polan, Stalin ya miƙa wa Lituweniya birnin. Sabuwar hukuma ta rufe jami'ar 'yan Polan a Disamba, aka matsa wa mutane da sauya harshe har cikin coci. Sannan a 1940 Stalin ya haɗiye Lituweniyar baki ɗaya, a 1941 Jamus ta kori Stalin. A ƙarƙashin Jamus aka ba 'yan Lituweniya aikin ɗan sanda da ƙananan muƙamai a yankin da mafi yawan mazauna ƙauyukansa 'yan Polan ne. Ka ga an ba ɗaya sanda an ce ya tsare ɗayan. A Mayu 1942, da 'yan sari-ka-noƙen Soviet suka kashe wasu jami'an Jamus kusa da Švenčionys, ɗaruruwan mutanen yankin aka harbe, akasari 'yan Polan, kuma 'yan sandan Lituweniya ne suka yi aikin.

Auwalu:
Malam, na je Paneriai ma, wanda 'yan Polan ke kira Ponary. Jirgin ƙasa mintoci kaɗan daga tsakiyar gari. Daji ne na itatuwa dogaye, a ciki akwai manyan ramuka zagayayyu waɗanda Soviet suka haƙa don ajiye man fetur. Na tsaya bakin ɗaya, ciyawa ta rufe shi, shiru kake ji sai ƙarar jirgi can nesa. Kusan mutum 100,000 aka harbe a wurin, wajen 70,000 Yahudawa ne, sauran 'yan Polan da fursunonin yaƙi na Soviet. Masu harbin da yawansu 'yan sa kai ne na Lituweniya ƙarƙashin umarnin Jamusawa. Na kasa cin abinci ranar.

Hajiya Rabi:
Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Auwalu ɗana, ni dai a faɗa min abin da ya faru a ƙauyukan nan biyu. Su wa aka kashe?

Malam Habu:
Hajiya, ga yadda abin yake. Rundunar ɓoye ta Polan ana kiranta Armia Krajowa, a taƙaice AK. Zuwa farkon 1944 ta yi ƙarfi a dazuzzukan yankin. Jamus ta yarda Janar Plechavičius ya kafa rundunar 'yan Lituweniya, matasa wajen 20,000 suka fito, da yawansu da niyyar tare Soviet da ke tahowa. Sai aka tura su kan AK. A tsakiyar Mayu AK ta ci su da yaƙi a Murowana Oszmianka, ta tuɓe wa waɗanda ta kama kaki ta sallame su da 'yan kamfai. Kwanaki kaɗan Jamusawa da kansu suka rusa rundunar, suka kama janar ɗin, suka harbe wasu daga cikin sojojinsa a Paneriai ɗin da Auwalu ya je. Zukata sun riga sun tafasa ta ko'ina.

Safiyar 20 ga Yuni, mutanen birged ta 5 ta AK suka yi arangama da 'yan sandan Lituweniya na bataliya ta 258 a gandun Glinciszki, suka kashe huɗu, suka shige daji. Da 'yan uwan 'yan sandan suka iso ba su bi sawun masu bindiga ba. Ma'aikatan gandun suka tara, suka harbe mutum 38 ko 39. Akwai mata, akwai yara ƙanana, akwai tsofaffi. Har manajan gandun, Władysław Komar, an kashe shi ranar. Ɗansa da aka bari yana ɗan shekara huɗu, mai suna irin nasa, shi ne ya ci wa Polan zinare a jifan dalma a gasar Olamfik ta Munich a 1972.

Ranar 23 ga wata birged ɗin, wadda Zygmunt Szendzielarz mai laƙabin Łupaszka yake jagoranta, ta ƙetara tsohuwar iyakar Polan da Lituweniya ta shiga Dubingiai da ƙauyukan kewaye. A cikin garin kansa ana cewa mutum 20 zuwa 27. Wani masanin tarihi ɗan Polan, Paweł Rokicki, ya bi sunaye ɗaya bayan ɗaya, ya fitar da bincikensa a 2015, ya samu mutum 68 idan aka haɗa da ƙauyukan, mafi yawansu mata da yara.

Sagir:
Allah ya jiƙan na ƙwarai, amma ni fa gaskiya ba zan daidaita su ba. Waɗancan karnukan farautar Hitler ne, albashinsa suke ci. Waɗannan kuma mutane ne da aka mamaye ƙasarsu, an shekara uku ana karkashe su, sannan aka zo aka harbe musu yara. Me ake so su yi, su naɗe hannu? Tura ce ta kai bango. Kuma wanda ya fara ai shi ne azzalumi. Idan ba su rama ba gobe wani ƙauyen za a shiga.

Hajiya Rabi:
Sagir, jaririn da ke goye a Dubingiai albashin wa yake ci?

Sagir:
Hajiya ban ce daidai ba ne. Na ce a duba abin da ya kai su.

Auwalu:
Yaya Sagir, nan ne ni ma na tsaya na yi ta juyawa, don da farko irin tunaninka na yi. Amma duba abu ɗaya. 'Yan sandan da suka yi kisan Glinciszki suna da bariki, suna da suna, an san bataliyarsu. Ba can aka je ba. Inda aka je shi ne inda babu mai mayar da harbi. Haka su ma 'yan sandan, waɗanda suka kashe musu mutum huɗu suna daji da makamai, sai suka zaɓi masu tatsar shanu. Sau biyu a kwana uku masu bindiga suna kauce wa juna suna faɗa wa marasa bindiga. Ni wannan ba na iya kiransa tura ta kai bango. Wanda aka tura bango wanda ya tura shi yake juyowa ya fuskanta.

Kuma abokina ya ce min kakarsa tana faɗa cewa a yankinsu gida ɗaya za ka samu uba yana harshen Lituweniya, uwa tana na Polan, coci ɗaya suke zuwa, duka Katolika ne. An ruwaito cewa maharan har littafin addu'a suke dubawa su ga da wane harshe aka rubuta shi kafin su yanke wa gida hukunci. Duk da haka akwai 'yan Polan cikin waɗanda suka mutu a hannunsu.

Mamman Damagaram:
Littafin addu'a! Subhanallahi. Wato abin da mutum yake roƙon Ubangiji da shi ya zama shaidar kashe shi.

Malam Habu:
Akwai abin da zai taimaka wa muhawararku. Babban kwamandan AK na yankin Wilno, Aleksander Krzyżanowski, wanda ake kira Wilk, ya riga ya ba da umarni tun watan Afrilu 1944 cewa kada a taɓa farar hula da sunan ramuwa. Ka ga ke nan ko a ma'aunin rundunar kanta abin da aka yi a Dubingiai saɓa doka ne. Ba mu ne muka zo bayan shekara tamanin muna ɗora musu ma'aunin zamaninmu ba. Su da kansu sun san haramun ne, shi ya sa aka rubuta.

Sagir yana da gaskiya ta fuska ɗaya, kuma kada a ƙwace masa ita: idan ana lissafin yankin gaba ɗaya, 'yan Polan da suka mutu a hannun 'yan sandan Lituweniya masu yi wa Jamus aiki sun fi 'yan Lituweniya da suka mutu a hannun AK yawa nesa ba kusa ba. Kuma AK ba ta da wani shiri na share 'yan Lituweniya daga doron ƙasa. Wanda ya ce AK da 'yan harbin Paneriai abu ɗaya ne ya yi wa tarihi ƙarya. Amma yawan gawar wancan ɓangare ba ya rage nauyin gawa 68 ɗin nan ko da ƙwayar zarra.

Sagir:
To Malam shi Łupaszkan me ya same shi? An hukunta shi?

Malam Habu:
An kashe shi, amma ba don Dubingiai ba. Ya ci gaba da yaƙar 'yan gurguzu bayan yaƙin duniya, aka kama shi a 1948, aka harbe shi a kurkukun Mokotów a Warsaw ranar 8 ga Fabrairu 1951, aka binne shi a ɓoye ba alama. Sai a 2013 aka gane ƙasusuwansa. A Afrilu 2016 aka yi masa jana'iza ta ƙasa, shugaban Polan na lokacin, Andrzej Duda, ya halarta. A Polan mutane da yawa gwarzo suke ɗaukarsa, akwai tituna da sunansa. A Lituweniya kuwa ka ambaci sunan, Dubingiai za a ce maka.

Maman Ilham:
Ni wannan ne ya fi ɗaure min kai. Binciken ya fito 2015, jana'izar girmamawa 2016. Shekara ɗaya tsakani. Ba su karanta ba ne?

Malam Habu:
Sun karanta, 'yata. Abin da zai ƙara ba ki mamaki, cibiyar gwamnati mai kula da tarihin ƙasa, IPN, ita ta buga binciken Rokicki, kuma ita ce ta tono ƙasusuwan. An yi ta cacar baki a kansa a Polan, wasu suka ce ya ɓata sunan gwarzo, wasu suka ce ya yi abin da ya kamata. Łupaszka ya yi jarumtaka a gaban Hitler da Stalin, wannan gaskiya ne. Mutanensa sun kashe mata da yara, wannan ma gaskiya ne. Jama'a ba su cika son riƙe gaskiya biyu a hannu ɗaya ba, sai su ajiye wadda ta fi zafi.

Maman Ilham:
To ni a ganina ana iya binne shi da mutunci, tunda zalunci aka yi masa a kurkuku, ba tare da an mai da shi abin koyi ga yara ba. Uwar da aka kashe wa ɗa a Dubingiai, jikokinta suna gani a talabijin ana harba bindigar girmamawa. Yaya za su ji?

Mamman Damagaram:
Maganarki haka take. Mu ma nan ba baƙon abu ba ne a wurinmu a tare hanya a kashe matafiyi saboda abin da wasu masu harshensa suka yi a wani gari. Addininmu ya yanke magana, wani rai ba ya ɗaukar laifin wani, kuma ko a fagen yaƙi an hana taɓa mace da yaro da tsoho. Su ma nasu addinin ya hana. Kowa ya sani, sai ranar da aka kawo gawar ɗan uwansa.

Sagir:
Na ji, kuma maganar bariki da Auwalu ya yi ta shige ni. Amma har yanzu ina da ja a wuri ɗaya. Kada garin cewa kowa ya yi laifi a manta da wanda ya shirya wutar. Jamus ce ta ba wannan bindiga ta ce ya tsare wancan. Stalin ne ya ba da birnin a 1939 don ya haɗa su faɗa. Su biyun ƙananan kifaye ne.

Auwalu:
Ban musa ba Yaya. Amma Bajamushe bai tsaya a Glinciszki ya nuna yaron da za a harba ba, Stalin kuma bai shiga Dubingiai ba. Wanda ya ɗana kunamar bindiga yana da zaɓi a wannan daƙiƙar. In muka ce duk laifin manya ne, mun wanke duk wani mai kisa a duniya, don kowane yana da babban da zai nuna.

Malam Habu:
Ku duba kuma abin da ya biyo baya, don shi ne ya fi ba ni tausayi. Mako biyu kacal bayan Dubingiai, ranar 7 ga Yuli, AK ta kai farmaki don ƙwace Wilno daga Jamus kafin Soviet su iso. Ranar 13 birnin ya faɗi, da taimakon juna. Ranar 17 Soviet suka gayyaci Wilk taro suka kama shi, aka tattara dubban mayaƙansa aka yi gabas da su. Shi ma a kurkukun 'yan gurguzu ya mutu a 1951. Daga nan aka kwashe 'yan Polan wajen 150,000 ko fiye daga Lituweniya zuwa sabuwar Polan. Yahudawan da suka kai kusan kashi ɗaya cikin uku na birnin an riga an gama da su, fiye da kashi 90 cikin 100 na Yahudawan ƙasar aka kashe. 'Yan Lituweniya sun samu birnin, amma a ƙarƙashin Moscow, ana lodin su a taragon shanu zuwa Siberiya, samarinsu suna daji suna yaƙi har wajen 1953. Waɗanda suka harbi juna a watan Yuni, wasunsu a sansani ɗaya suka ƙare.

Hajiya Rabi:
Yanzu fa Auwalu, suna zaman lafiya? Kai da kake cikinsu.

Auwalu:
Suna zaune lafiya Hajiya. A 1994 shugabannin ƙasashen biyu, Wałęsa da Brazauskas, suka sa hannu kan yarjejeniyar abota a nan Vilnius, kowa ya amince da iyakar ɗan uwansa. A 2004 tsofaffin mayaƙan AK da na rundunar Plechavičius suka sa hannu kan takardar sulhu, da ƙarfafawar shugaban Lituweniya na lokacin, Adamkus. Duka ƙasashen suna NATO da Tarayyar Turai, kuma tsoron Rasha ya ƙara haɗa kansu. 'Yan Polan sun kai kusan kashi 6 cikin 100 na mutanen ƙasar, a gundumar Šalčininkai ma su ne mafi rinjaye, suna da makarantunsu. Akwai 'yan ƙorafe-ƙorafe, misali an daɗe ana ja kan rubuta sunayensu da harafin w a fasfo, sai 2022 doka ta yarda.

A maƙabartar Rasos akwai wani baƙin dutse shimfiɗe, a ƙarƙashinsa aka binne zuciyar Piłsudski tare da mahaifiyarsa. Duk sanda na bi ta wurin sai na ga furanni da kyandir, motocin 'yan yawon buɗe ido daga Polan suna tsaye. Mutumin da ya sa aka ƙwace birnin ke nan, kuma ba wanda ya tone shi.

Sagir:
Abokin naka ya taɓa zuwa Glinciszki?

Auwalu:
Na tambaye shi a hanyarmu ta dawowa. Ya yi shiru, sannan ya ce bai taɓa ba, ko da yake bai fi tafiyar rabin awa daga garin kakarsa ba. Su suna kiran wurin Glitiškės, kusa da Paberžė yake. Mun yi da shi za mu je tare Asabar mai zuwa in Allah ya kai mu, ya ce zai tambayi kakarsa ko za ta bi mu.

Hajiya Rabi:
Allah ya kai ku lafiya ɗana. In tsohuwar ta yarda ta je, ka riƙe mata hannu wajen sauka daga mota, kuma ka gaishe min da ita.